Jenny Wormald da rigimar Sarauniya Mary

Kwanan nan na duƙufa karanta rubuce-rubucen Jenny Wormald, malamar tarihi 'yar Sikotland, kuma wallahi ƙarfin halinta ya burge ni.

An haife ta a 1942. Ta koyar a Jami'ar Glasgow tun 1966, sannan a 1985 ta koma kwalejin St Hilda's a Oxford, inda ta zauna har ta yi ritaya. Ta rasu a 2015.

Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne bincikenta kan gabar jini tsakanin dangi a Sikotland ta da. Masana sun daɗe suna cewa zaman kara zube ake yi a lokacin. Ita kuwa ta zauna ta bi tsofaffin takardun alkawari tsakanin manya da mabiyansu, ɗaya bayan ɗaya, ta nuna cewa akwai tsari: in an yi kisa, dangi kan zauna a sasanta, a biya diyya, sarki ma ya san da haka.

Sai kuma 1988, da ta fitar da littafi kan Sarauniya Mary ta Sikotland, wadda mutane ke zubar wa hawaye saboda an fille mata kai a 1587. Jenny ta ce a ajiye tausayi gefe, matar nan ta gaza a mulki, shi ya sa aka tuɓe ta a 1567. Masoyan Mary suka yi mata caa! Ni kaina ina ganin ta ɗan tsananta, amma hujjojinta da wuyar turewa.