Matakalar da ke bayan Polo Grounds

A shekarata ta farko a New York ban san kowa ba sai 'yan'uwanmu na masallacin Bronx. Aikin kai abinci gida-gida a keke nake yi, shi ne ya riƙa kai ni dogayen benayen Polo Grounds Towers, kusa da Titi na 155 a Manhattan. Wata rana da hunturu na zauna hutawa a kan wata tsohuwar matakala, yatsuna sun ƙage don sanyi, sai wani dattijo baƙar fata ya tsaya ya ce, "Ɗana, ka san inda kake zaune?" Na ce, "Baba, baƙo ne ni."

Daga bakinsa na fara jin sunan John McGraw. Inda benayen nan suke a yau, a da filin wasan besbol ne na ƙungiyar New York Giants, an rushe shi a 1964. McGraw ɗan baƙo ne, mahaifinsa daga Ireland ya zo, an haifi McGraw a garin Truxton na jihar New York a 1873. A ƙungiyar Baltimore Orioles ya yi suna yana tsaron kusurwa ta uku, ɗan gajere mai baƙar zuciya wanda alƙalan wasa ba sa murnar gani. Ya karɓi ragamar Giants a 1902 bai sake ta ba sai 1932, ya ci kofin gasar National League sau 10, ya ɗauki World Series, babban kofin besbol na Amurka, a 1905 da 1921 da 1922.

Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne na 1901, lokacin da aka hana baƙar fata shiga manyan ƙungiyoyi, McGraw ya yi yunƙurin shigar da wani ɗan wasa baƙar fata, Charlie Grant, cikin Orioles da cewa wai Ba'indiyen Amurka ne, wato ɗan ƙabilun asali na ƙasar, amma asiri ya tonu. A ganina son nasara ne ya sa shi, ba tausayi ba, kuma da na faɗi haka dattijon ya yi dariya har da tari.

Har yau ƙa'idojin wasan suna rikita ni, kuma ƙwallon ƙafa ta fi mini daɗi nesa ba kusa ba. Amma tun daga ranar, duk lokacin da na kai saƙo benen su dattijon, sai na tarar ya tanadar mini kofin shayi da wani sabon labarin McGraw.