Alhamdu Lillahi an kammala: godiyata ga waɗanda suka riƙe ni

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Alhamdu lillahi. Sakamako ya fito, babu kwas ko ɗaya da ya rage a kaina, kundin bincikena ma an sa masa hannu. Na kammala digirina a Sashen Harsunan Nijeriya na Jami'ar Usmanu Danfodiyo. Har yanzu jikina bai gama dawowa ba, ina rubutun nan ne a kishingiɗe, amma na kasa ƙara kwana ban yi godiya ba.

Ba zan maimaita abin da ya faru ba, kun bi komai tun ranar da na yanke jiki na faɗi a lokeshan, wurin ɗaukar fim, a Kano. Kun ga hoton ƙarin ruwan da ya yi yawo, kun kuma ji labarin da aka yaɗa cewa na rasu, wanda ya riga kiran Yaya isa kunnen Inna a Sakkwato. Wanda ya fara rubuta wannan labari, na yafe masa nawa. Na Inna kuwa, da ta yi zaman dirshan a tsakar gida tana salati har maƙwabta suka shigo, wannan tsakaninsa da ita ne.

Waɗanda suka san ni tun farko sun san ba neman fim ya kai ni Kano ba. Yajin aikin malaman jami'o'i na 2022 ne ya zaunar da mu daga Fabrairu har Oktoba, bayan wanda muka sha a 2020 haɗe da kullen korona. Na tafi wurin Yaya don in rage zaman gida. Wata maƙwabciyarta mai yi wa 'yan wasa kwalliya take tafiya da ni ina riƙe mata akwati, rannan yarinyar da aka ba wata 'yar fitowa ba ta zo ba, aka ce in gwada. Da magana ta yi ƙarfi, Baffa da kansa ya hau mota ya zo Kano, ya ga ofishin a Titin Gidan Zoo, ya zauna da furodusa, sannan ya sa hannu a takardar amincewa. Abin da ya ce da ni a bakin mota har yau yana kunnena: "Na yarda, amma randa karatu yat tsaya, fim ma ya tsaya."

To, aka koma makaranta, ni kuma na riga na shiga cikin labarin fim mai dogon zango. Wanda bai yi aikin ba zai ɗauka wasa ne. Shirin da ake sakawa a YouTube duk mako ba ya jiran kowa. Idan aka ɗauke ki yau da atamfa kore a falo, ragowar maganar kuma ba a ɗauka ba, to dole ki dawo da wannan atamfar, da wannan ɗaurin, da wannan lallen, ko da ranar kina da tes. A can makaranta kuma sai kin halarci kashi 75 cikin 100 na lacca kafin a bar ki ki zauna jarrabawa. Sai na riƙa fita Sakkwato ranar Alhamis da yamma ko Juma'a da sassafe, in yi Asabar da Lahadi gaban kyamara, Litinin ta same ni a layin bas na Dandima da takardun lacca a hannu ɗaya, takardar haddar magana a ɗayan. Da aka cire tallafin mai a Mayun 2023, kuɗin mota ya tashi har wani lokaci abin da aka sallame ni da shi a hanya yake ƙarewa. Duk da haka da kuɗin fim ɗin nan na yi rajistar aji uku da aji huɗu, da shi ƙannena biyu suka zauna jarrabawar fita sakandare. Ina faɗin wannan da ƙarfi saboda masu cewa 'yar fim ba ta da abin nunawa sai hoto.

Amma ba wannan ya sa na ɗauki waya ba. Akwai wata baiwar Allah a Gusau da nake so duk wanda ya karanta wannan ya sa ta a addu'a.

Kun san an sallame ni daga asibiti ana gobe takardata ta ƙarshe. Likita bai so ba, Yaya ma ba ta so ba, amma in na rasa takardar sai in jira wata shekara. Motar da na shiga ta ɓaci a hanya kafin Funtuwa, aka daɗe ana gyara, ba mu bar Funtuwa ba sai da rana ta yi sanyi. Duk mai bin hanyar nan ya san abin da ake nufi da a ce magariba ta riske ka tsakanin 'Yankara da Tsafe. Direba ya kashe rediyo. Babu mai magana a motar, sai motsin leɓe. Wata mata kusa da ni ta toshe bakin jaririnta da nono tun bai nema ba. Ni zazzaɓi ya dawo mini sabo, haƙorana suna haɗuwa, kuma wallahi ba jarrabawa nake tunani ba a lokacin, Inna nake tunani, cewa za a sake kai mata labari irin na farko kuma wannan karon ba za a ƙaryata ba. Allah Ya fitar da mu lafiya. Da muka shiga Gusau direba ya ce ko za a ba shi motar kyauta ba zai kama hanyar Mafara da daren nan ba, kuma babu wanda ya yi masa musu.

Na sauka na zauna kan wani benci a tasha na rungume jakata. Ban san kowa a garin ba, wayata ta mutu. Sai wata dattijuwa mai sayar da tuwo, tana cikin kife tukwane za ta tashi, ta tsaya ta dube ni. Ta zo ta ɗora bayan hannunta a goshina ta ce, "Ɗiyan nan, jikinki shina da zahi. Mi kinka ci yau?" Na ce ba komai. Ta ce, "Tashi. Ba ki kwana cikin tasha da zazzaɓin ga."

Ba ta tambaye ni 'yar wane gida ce ni ba. Ba ta tambaye ni me ya fito da budurwa ita kaɗai da dare ba, tambayar da na saba ji daga bakin waɗanda suka fi ta kusa da ni. Ta ɗora wa jikanta tukwane, ita ta ɗauki jakata, ta riƙe ni muka bi wani lungu zuwa gidanta. Ɗaki ɗaya ne da rumfa. Ta tashi jikokinta daga kan katifa ta mayar da su tabarma, ta kwantar da ni cikin gidan sauronta. Ta hura wuta a daren nan ta dama mini kunun tsamiya, ta tsare ni sai da na shanye na haɗiyi magungunan da aka ba ni. Ta jiƙa tsohon zane tana goga mini a wuya da ƙafafu har zafin ya sauka.

Can cikin dare na farka a firgice na tuna ban duba komai ba. Na jawo takarduna, ga duhu, babu wuta. Ta ji motsina ta tashi, ta lalubo cocila ta kunna. Na ce ta ba ni ta koma barci, ta wuni tsaye kan tukunya. Ta ce, "Ni ban yi boko ba, amma hitila dai ina iya riƙewa. Karanta." Haka ta zauna a bakin katifa, hannu ɗaya cocila, hannu ɗaya mafici, ina bitar sassan jimla da rabe-raben waƙa, tana gyangyaɗi tana farkawa tana gyara hasken. Duk sanda na ɗago sai ta ce "Allah shi buɗa." Ban san yawan abin da ya shiga kaina a daren ba, hawaye suna ta ɓata mini takarda.

Kafin kiran assalatu ta aika jikanta tasha ya kama mini kujerar gaba a motar farko. Ta sa aka ɗan cusa wa wayata caji wurin mai shayi. Da gari ya fara wayewa ne wata 'yarta ta shigo gaisuwa, ta ƙura mini ido, ta kira ni da sunan da nake amsawa a fim. Tsohuwar ta dubi 'yar, ta dube ni, ta ce ita ba ta kallo, ta ci gaba da ƙulla mini ƙosai a leda. Na ciro abin da ya rage a jakata na miƙa mata, ta ture hannuna: "Aje kuɗɗinki. In kin samu takardar, ki kawo in gani."

Inna mai tuwo, haka na ji 'yan tasha suna kiranki. Na san ba ki da Facebook, amma 'yarki tana da shi, ta karanta miki. Na zauna jarrabawar, na ci. Takardar tana zuwa hannunki in sha Allahu, ni da Innata za mu kawo. Allah Ya kai ki Makka, Ya sa ki sha Zamzam a bakin rijiyarsa. Allah Ya raya miki jikokin da kika tasa daga katifa saboda baƙuwa, Ya sa su yi karatun da ba ki samu ba. Yadda kika haska mini takarda, Allah Ya haskaka kabarinki bayan tsawon rai, Ya haɗa ki da Nana Faɗima a Aljanna. Amin, amin.

Akwai waɗanda suka ce kada in ambace su. Ku yi haƙuri, ba zan iya ba.

Kawu na Mabera, wanda ya tsaya a Kwannawa da mashin tun hantsi, ya ɗauke ni daga bakin mota, muka ƙetare gadar Kwalkwalawa ya ajiye ni ƙofar ɗakin jarrabawa, ya zauna ƙarƙashin bishiya cikin ranar Sakkwato har na fito. Gwaggo ta Runjin Sambo, wadda ta kwana wurin Inna ranar labarin ƙarya. Yaya da mijinta, da suka mayar da ɗakin 'ya'yansu nawa, suka biya kuɗin asibiti ba su bari na ga takardar ba. Aminiyata ta ɗakin kwana, wadda ta riƙa kwafar lacca sau biyu, nata da nawa, tana turo mini muryarta tana bayani ina saurare a mota. Rabin digirin nan naki ne. Malamin da ya duba kundina, wanda bai taɓa sassauta mini ko layi ɗaya ba, ya mayar da ni Laburaren Abdullahi Fodiyo har na gaji, amma bai taɓa kirana 'yar fim a gaban aji don a yi dariya ba. Na gode, Malam.

Sai darakta da furodusa. Mutane ba su san abin da kuka yi ba, bari in faɗa. Da jarrabawa ta matso, kun sa marubuci ya sake labari, aka tura yarinyar da nake fitowa a matsayinta ƙauye jinyar kakarta, don kawai in samu makonnin karatu. Kun tattara fitowata ta makonni a ɗauka cikin kwanaki kaɗan, manyan 'yan wasa da suka girme ni a harkar suka haƙura aka fara da ni. Masu kyamara, masu haske, mai kwalliyar da ta fara kai ni, yaran da suka ɗauke ni ranar da na faɗi, Allah Ya sa albarka a sana'arku, Ya rufa muku asiri duniya da lahira.

Ga 'yan uwa na jini da ba mu gani ba, a asibiti ko a gida, alhali tsakaninmu bai fi kuɗin kabu-kabu ba: mun ga saƙonninku da suka iso ta bakin wasu. Na san tun farko kun ce taura biyu ba ta taunuwa, na kuma san wasunku tsoro ne ya sa ku faɗa, ba ƙiyayya ba. Ni ban riƙe kowa ba. Inna ce dai ta yi ta duban ƙofa. A garin da Nana Asma'u ta tara mata ta karantar da su, na so a ce ko sannu da karatu an aiko. Ƙofar gidan marigayi Baba a buɗe take kamar yadda ya bar ta.

Baffa, na cika alkawari, karatu bai tsaya ba. Inna, ke ba ni da bakin gode miki a nan, sai a ɗaki. Allah Ya jiƙan Baba, Ya kai masa ladan duk harafin da na koya, Ya sa ya huta. Allah Ya kawo mana zaman lafiya a Zamfara da Sakkwato da Katsina da duk inda ake bin hanya da fargaba. Waɗanda suke hannun mutanen daji, Allah Ya kuɓutar da su, Ya mayar da su ga iyayensu. Direbobin da suke ɗauke da mu, Allah Ya tsare gabansu da bayansu. Ɗaliban da suka rage a baya, masu talla da masu ɗinki da masu fim da duk mai haɗa nema da karatu, Allah Ya ba ku masu riƙe ku kamar yadda Ya ba ni.

Masu tambayar walima, Inna ta ce sauka za a yi a gida ranar Juma'a bayan la'asar, mata kawai, kuma don Allah ban da ɗaukar bidiyo. Masu tambayar yaushe zan dawo cikin shiri, an ba ni hutu sai likita ya yarda, daga nan kuma a ga inda bautar ƙasa za ta jefa ni. Saƙonninku suna nan ban goge ko ɗaya ba, zan bi su a hankali. Wanda bai ga amsa da wuri ba ya yi mini uzuri.