Latas daga bakin Jakara

Yau da safe na bi ta bakin rafin Jakara a nan Kano, sai na ga wani yaro a durƙushe yana wanke latas. Ruwan baƙi ƙirin, ga kumfa, ga leda, wari sai da na toshe hanci. Na ce, "Samari, a nan kake wankewa?" Ya ce, "Baba, to ina wani ruwan?" Wallahi na rasa amsa.

Kwatamin unguwanni nan yake zuba, can gaba rafin Getsi ya kawo dagwalon masana'antun Bompai, har da na majema, duk su gangara dam ɗin Wasai inda ake kamun kifi. Tun ɗazu nake tunanin kwaɗon latas ɗin da na ba yarana jiya da daddare.