Baƙin murabba'i da allon zayyana

A koyar da zane a sakandare nan Sakkwato, darasin da ya fi ba ni wuya shi ne na masu zanen Turai da suka bar zana mutum da doki da itace, suka koma layi da da'ira da murabba'i. Da yara sun ga hoton sai dariya: "Malam, wannan ma zane ne?"

Ɗaya daga cikin masu zanen nan, Kazimir Malevich, ya nuna zanensa na baƙin murabba'i a kan farin fage a Petrograd ta Rasha, a Disambar 1915. Sai da na daɗe ina koyar da shi kafin na lura da muhimmancin inda ya rataye shi: can sama a kusurwar ɗaki, wurin da Kiristocin Rasha ke ajiye hotunan waliyyansu a gida. Duk wanda ya shigo ya san abin da ake nufi, shi ya sa wasu suka fusata. Piet Mondrian na Holan kuwa ya shiga ƙungiyar masu neman ilimin ɓoye ta Tiyosofi a 1909, daga baya ya tsaya ga layin tsaye da na kwance, da ja da shuɗi da rawaya. A ganinsa daidaiton duniya yana inda layukan biyu suka gamu.

To, sai na fara zuwa aji da allon zayyana, irin na mai saukar Alƙur'ani. Shi ma murabba'ai ne da alwatika da da'ira kewaye da Fatiha da farkon Baƙara, amma ba wanda ya taɓa yi masa dariya, don kowa ya san ranar da ake riƙe shi da wahalar da aka sha kafin ranar. Daga nan yara ke gane cewa mazaunin siffa shi ke ba ta nauyi.

Ba na haɗa su wuri ɗaya dai. Malevich tawaye yake yi wa magabatansa, yana son a san shi ne ya fara. Mai zayyana, kamar baduku mai aikin jar fatar akuya, bin sawun malaminsa yake, sau da yawa ko sunansa ba a sani ba. Kuma gaskiya, wasu bayanan Turawan nan sun fi zanen nasu girma.

Yanzu kafin kowane bayani nakan raba takarda da rula, in ce kowa ya tsaga fili da layi biyar kawai, ba tare da gefe ɗaya ya rinjayi ɗaya ba. Yawanci ana kaɗa ƙararrawa ba su gama gogewa ba.