Tarihin Rayuwata, Kashi na Tara: Ido Ɗaya a Kan Mai Ganga

A makon jiya na tsaya a inda Maigida, wanda ya koya mini aikin ɗaukar bidiyo, ya danƙa mini kyamara ta biyu, bayan na shekara uku ina naɗe waya da ɗaukar batura a bayansa. Ranar da ya ɗora mini ita a kafaɗa, a ƙofar Babban Gidan Wasan Kwaikwayo na Ƙasa da 'yan Sin suka gina a Akra aka buɗe a 1992, magana ɗaya ya yi mini: "Yaro, ido ɗaya a kyamara, ɗaya a kan mai ganga." Sai da na daɗe kafin na gane cewa mai ganga ne yake fara sanin inda waƙa za ta juya, domin kafaɗarsa takan motsa kafin mawaƙi ya ɗaga hannu, kuma wanda ya jira mawaƙi ya riga ya makara.

Aikin dandali ba irin na fim ba ne, inda ake cewa a sake. Ƙaramin kaset ɗin Betacam minti 30 yake ɗauka, saboda haka ni da Maigida ba ma fara ɗauka a lokaci guda, don kada kaset ɗinmu ya ƙare tare ana tsakiyar waƙa. Fitilun dandali kuma sukan koma ja ko shuɗi ba sanarwa, dole yatsa ya zauna a kan zoben haske, in ba haka ba fuskar mawaƙi ta ƙone fari fat. Kawu na unguwar Aboabo bai taɓa ɗaukar wannan a matsayin sana'a ba. Har ya rasu yana ce wa Inna ɗan malam ya koma bin 'yan rawa, alhali da kuɗin bin 'yan rawan aka yi wa gidanmu na unguwar Nima a Akra rufin kwano.

Abin da yake ci mini rai ya faru ne a 1998, shekarar da ruwan madatsar lantarki ta Akosombo ya ja baya aka shiga rabon wuta. Wani mai shirya wasa, wanda ba zan ambaci sunansa ba, ya ɗauke mu wani wasan kiɗan hailaif da janareto ɗaya tak. Ana cikin waƙa ta shida janareton ya mutu, zauren ya yi baƙi ƙirin, lasifika suka yi shiru. Kyamarar Maigida tana haɗe da wutar zaure, ta mutu nan take. Tawa tana kan batir. Idona na hagu yana kan mai ganga tun kafin duhun, na kuwa ga bai sauke sandunansa ba, sai na kunna 'yar fitilar da ke kan kyamara na durƙusa a gabansa. Gumi yana ɗiga daga haɓarsa a kan fatar ganga, jama'a suka karɓi waƙar da bakinsu, mawaƙin ya matso cikin ɗan hasken nan ya ajiye makirfo ya ci gaba. Minti bakwai na yi a durƙushe, gwiwata tana kan wata ƙusa, ban motsa ba.

Wannan minti bakwai shi ya sayar da kaset ɗin a Opera Square da ke Akra, har kasuwar Kejetiya ta Kumasi aka kai shi. Da na saya da kuɗina na saka, na ga sunan direban mota da na mai kawo ruwa, amma babu nawa. An biya ni sidi 80,000, wanda a lissafin kuɗin da aka canza a 2007 sidi takwas ne, kuma ban taɓa ƙorafi a kan kuɗin ba. Sunan nake nufi. Na je na sami mai shirya wasan na ce, "Alhaji, ina sunana?" Ya ce ai kyamara ce ta yi aiki.

Yanzu yaran da nake koya wa aiki suna da katin da ke ɗaukar wasa tun daga farko har ƙarshe ba canji, amma ina ganin su sun rufe idon hagu, sai in maimaita musu maganar Maigida, Allah Ya jiƙansa. Shi ma da na kai masa ƙara a lokacin bai ce komai ba, sai washegari ya ɗauki alƙalami ya rubuta sunana a jikin kwalin nasa kaset ɗin. Kwalin yana cikin akwatina. Mako mai zuwa, in Allah Ya kai mu, zan faɗi yadda na bar hannunsa na koma Kumasi.