Yinin Dawanau da takardun darasi a aljihu

Talata, bayan sallar isha'i

Gobe muna da gwaji a kan ire-iren kasuwa, amma a kasuwar hatsi ta Dawanau na yini. Da sassafe Kawu ya kira: "Ɗan nan, zo ka raka ni sayen gero, ka riƙe mini lissafi." Wa zai ce wa Kawu a'a? Na naɗe takarduna muka kama titin Katsina.

A layin gero, yaron rumfa yakan soki buhu da wani ƙarfe mai rami, ƙwaya ta zubo a tafin Kawu, ya hura, ya tauna, sannan ya tambayi kuɗi. Rumfa bayan rumfa farashin kusan ɗaya ne. Wani Alhaji ya ɗan ɗora, Kawu bai ko taya ba ya yi gaba, sai ga shi yana kira, "Dawo mana, Malam, albarka muke nema." Abin da malaminmu yake kira cikakkiyar gasa ke nan: masu sayarwa rututu, kaya iri ɗaya, kowa na iya shiga ya fita, don haka ba mai ikon yanka farashi shi kaɗai.

Sai dai ni ban gamsu duka ba. Darasin ya ce kowa ya san farashi da ingancin kaya. In haka ne, me dillali yake ci? La'adarsa ai kuɗin abin da ya sani ne wanda mai saye bai sani ba. Ga kuma masu manyan sito da ke cika su da kaka, su jira damina ta yi nisa. Ƙaramin manomin da bashi ya matsa wa ba shi da wannan haƙurin. Dawanau ta yi kusa da abin da ke takarda, amma da saura.

Da rana muka wuce masu abinci da yawa kafin Kawu ya zauna wajen wadda ya saba, ko da yake farantinta ya fi tsada. Wai miyarta daban ce. Wannan ma wani nau'i ne: masu sayarwa da yawa, amma kowa da ɗan abin da ya bambanta shi, sai ya ɗan ƙara kuɗi ba tare da an gudu ba.

Muna ci na karanta masa sashen kasuwar 'yan tsiraru, wato wadda kamfanoni kaɗan ke riƙe da ita, sai ya karɓe zancen. Kafin 2001 NITEL, kamfanin waya na gwamnati, ce ke babakere a harkar waya, samun layi sai mai hanya. Da MTN da Econet suka fara a shekarar, layi kaɗai ya kai wajen naira 20,000, kuma da minti ake caji, ko sallama kawai ka yi. Glo ta shigo a 2003 da cajin daƙiƙa, ba a jima ba sauran suka bi sahu. Ban taɓa fahimtar batun kamar yau ba: idan kamfanoni kaɗan ne, kowanne idonsa na kan ɗan'uwansa kafin ya motsa. Haka siminti yake tsakanin Dangote da BUA da Lafarge. Buhun gero kowa na iya saye ya kasa, amma masana'antar siminti irin ta Dangote da ke Obajana sai mai dutsen farar ƙasa da jarin biliyoyi.

Lantarki ne muka yi gardama a kai a hanyar dawowa. Tun 2013 KEDCO ke rabawa a Kano da Katsina da Jigawa, hukumar NERC mai sa ido kan harkar lantarki ce ke amincewa da farashi, domin ba hikima ba ce kamfani biyu su kafa turaku a layi ɗaya. Na ce wannan babakere ne da yanayin aikin ya haifar. Kawu ya nuna mini faifan sola a kan rufin wani shagon cajin waya ya ce, "To wannan fa, a wane babi kuka sa shi?" Har muka iso Kurna muna ja, direban ma ya sa baki, shi yana bayan Kawu.