Kalandar garin da babu shi

Sati ukku ke nan ban saki ko shafi guda na labarin nan nawa ba, har 'yan gurup ɗinmu na WhatsApp sun fara tambaya ko lafiya. Lafiya lau nike, kalanda ce ta riƙe ni. Eh kalanda, ta ƙasar da ni da kaina na ƙirƙiro wadda ko a taswira babu ta.

Wata baiwar Allah ce ta jawo min, ta biyo ni ta gefe ta ce Anti, ke da kinka ce duniyar labarinki wata biyu gare ta a sama kuma ba su taɓa jin Larabci ba, to mi ya sa kuyangar gimbiya sunanta Talatu? Wallahi sai da na aje wayar. In babu Talata ina za a samo Talatu, haka Ladi da Jummai da Asabe duk sun bi ruwa, kuma da na bi labarin baya sai ga ni na rubuta an yi suna ran kwana bakwai, an yi sadakar arba'in, wata mata tana da cikin wata tara, to wane watan cikin biyun?

Na samu littafin lissafin ƙanena na yagi tsakiya na zauna. Farin wata na ba shi kwana 24, jan wata kwana 40, sai ya kama duk kwana 120 suke tsayawa dare guda, shi ne daren Gamo, kuma Gamo ukku shekara ke nan, kwana 360, kashi na ruwa da na iska da na wuta. Sati kwana takwas ne don 8 ta shiga 24 ta shiga 40 ba saura. Inda abin ya yi min daɗi shi ne maganar ciki, ja bakwai kwana 280 cif, kusan yadda ake lissafin ciki ke nan, don haka mata da ja suke ƙirga, ka ji an ce wance ta shiga ja na bakwai a fara tara itacen wanka. Masu bashi kuwa kullum suna gaban alƙali, wanda ya bada ya ce shi fari ukku ya nufa, wanda ya ci ya rantse ja ukku anka yi, kwana 72 da kwana 120 ai ba wasa ba. Wannan rigimar kaɗai ta ba ni babi biyu kyauta.

Satin kwana takwas ɗin ya ɗan ba ni tsoro, don Faransa sun taɓa gwada irin wannan karambanin da gaske, a 1793 bayan juyin juya halinsu sunka maida sati kwana goma, yini da dare awa goma kowace awa minti 100, leburori sunka ga hutun da suke samu duk kwana bakwai ya koma duk kwana goma, ba a je ko'ina ba Napoleon ya soke kalandar daga farkon 1806. Amma ga Habasha can da wata 13, goma sha biyu masu kwana talatin-talatin da ɗan auta mai kwana biyar ko shidda, kuma suna zamansu lafiya, sai na ce to nima a bar ni da takwas ɗina.

Ina cikin jin kaina sai ga Kawu ya zo daga wajen Wamakko, bayan an ci tuwo na karanta mai duka, ya saurara yana sakace, da na ƙare ya ce ɗiyata, to mutanen naki yaushe suka shibka? Na ce da ruwa ya sauka mana Kawu. Ya yi dariya ya ce wanda ya bi ruwan farko ido rufe shi ka yin shibka biyu. Shi taurari yake bi, 28 ne kowane kwana 13, guda ana ƙara mai kwana ɗaya shekara ta cika 365, yana lissafo su Zira'a, Nasara, Ɗarfa, Jabaha kamar sunayen jikokinsa. Azumi da Sallah kuwa sai ya ji sanarwar ganin wata daga fadar Sarkin Musulmi, kuma ya san shekarar wata kwana 354 ce ko 355, tana ja baya da wajen kwana 11 duk shekara, shi ya sa ba ya ɗora gona bisa ita. Ranar da ɗansa ke samun albashi kuma ta kalandar boko ce, wannan ma bai taɓa mance ta ba. Mutum da kalanda ukku a kai ba takarda ba biro, ni ina nan ina taƙama da wata biyu.

Shi ne ma ya gyara min agogon mutanen labarin. Da rana inuwa suke aunawa da taku kamar yadda ya ce malamansu na yi don gane azahar, da dare kuma ƙwarya ce anka huda ƙasanta anka ɗora bisa ruwan kwatarniya, duk sanda ta nutse dogari ya buga tambari, nutso takwas gari ya waye. Na gwada da gwangwanin madara a bokiti, ƙusar da na sa ta yi kauri, kafin in je ɗaki in ɗauko waya har ya nutse. Daga nan na samu mugun labarin, wanda zai ba mai ƙwarya cin hanci ya faɗaɗa hujin don a buɗe ƙofar gari tun da sauran dare. Kawu ya ƙara da cewa in hazo ya rufe rana irin na hunturun Sakkwato ina za su ga inuwa, wannan ban da amsarsa tukun, wataƙila in bar su haka nan su yi ta ɓatan lokaci duk kashin iska.

Saura sunayen kwanakin takwas, biyar na samu. Talatu dai a kwana na ukku anka haife ta, ranar da masunta ke shanya koma, yanzu ina tsakanin in kira ta Koma ko in bar ta ba suna har babi na tara.